Wane Mudu Muke Auna Karatun 'Ya'yanmu da Shi?

Jawabin da aka gabatar wa dattawa da iyaye na ikkilisiyoyinmu na yankin Funtua da Malumfashi, a taron bayan kaka.

 

Gabatarwa

Yawancinmu da ke nan manoma ne. Babu wanda zai kai masararsa kasuwar Funtua ko ta Bakori ya ce wa mai saye, "A gidana wannan buhu shi ne mafi girma, saboda haka ka biya ni kuɗin babban buhu." Za a kawo tiya a auna, tiyar nan kuwa ita ce ake auna wa kowa da ita. Iyayenmu da suka yi noman auduga sun san ko ta fi ta maƙwabci fari, sai ta hau sikeli tukuna a san kuɗinta.

Amma idan aka zo ga karatun yara, sai mu bar tiyar kasuwa mu ɗauki mudun gida. Yaro ya kawo takardar sakamako, an rubuta ya zo na ɗaya ko na uku a aji, mu yi murna, mu yanka kaza. Ba mu tambaya ba, na ɗaya a cikin su wa? A wata ikkilisiya da muka yi hidima, mun taɓa miƙa wa wani yaro ɗan aji biyar littafi ya karanta a makarantar Lahadi, yaron da ya zo na biyu a ajinsu. Wurin da ya haddace ya faɗe shi sarai. Da muka juya shafi, sai ya tsaya yana kallon ƙasa. Mahaifinsa ya sayar da waken soya ya biya kuɗin makaranta shekara biyar, bai kuwa san ɗansa bai iya karatu ba.

Yadda ƙasashe ke auna 'ya'yansu

Abin da ya sami wannan uba yana samun ƙasashe ma. Kowace ƙasa tana da jarrabawarta, kowace kuma tana iya cewa 'ya'yanta suna ƙoƙari. Shi ya sa aka ƙirƙiro gwaje-gwaje na ƙasa da ƙasa, wato a shirya tambayoyi iri ɗaya, a fassara su cikin harshen da kowace ƙasa ke koyarwa da shi, a zaɓi makarantu da yara ta hanyar ƙuri'a domin kada a kawo masu ƙoƙari kaɗai, sa'an nan a kwatanta sakamakon. Yaro ba ya samun takardar shaida daga wannan gwaji. Ƙasar ce ake aunawa.

Uku ne suka fi suna. Akwai TIMSS, wanda ƙungiyar IEA ta fara a 1995, ana yin sa duk shekara huɗu a kan lissafi da kimiyya. Akwai PIRLS, na wannan ƙungiya dai, tun 2001, mai auna karatun yara 'yan aji huɗu. Sai PISA, wanda ƙungiyar OECD mai hedkwata a Faris ta fara a shekara ta 2000, yana auna 'yan shekara 15 a karatu da lissafi da kimiyya. Tambayar PISA ita ce ko yaro zai iya amfani da abin da ya koya, misali ya karanta takardar magani ya gane sau nawa za a sha, ko ya lissafa riba da faɗuwa. A zagayen 2022 yara kimanin 690,000 daga ƙasashe da yankuna 81 suka zauna, Singafo kuma ta zo kan gaba a duka fannoni ukun.

Abin koyi a nan shi ne yadda ƙasashe suka karɓi sakamakonsu. Da aka fitar da na farko a ƙarshen 2001, Jamus, wadda take alfahari da makarantunta, ta ga 'ya'yanta suna ƙasa da matsakaici, ta ga kuma 'ya'yan talakawa da na baƙi an bar su baya ƙwarai. Abin ya girgiza ƙasar, amma ta zauna ta gyara, sakamakonta kuma ya tashi a zagayen da suka biyo baya. Indiya kuwa jihohinta biyu suka shiga zagayen 2009, suka zo kusa da ƙarshe, sai ta janye daga zagayen da ya biyo. Janyewar ba ta koya wa ko yaro ɗaya karatu ba. Sa'an nan ga Biyetnam, ƙasar manoman shinkafa, wadda a 2012 'ya'yanta suka wuce na Amurka da na Ingila a lissafi. Wannan ya nuna mana talauci yana da nauyi, amma bai rufe ƙofa ba.

Ina muke a Afirka?

Gana ta shiga TIMSS a 2003 da 2007 da 2011, ta zo can ƙasa, amma ta san matsayinta. Afirka ta Kudu ta shiga PIRLS na 2021, aka tarar kashi 81 cikin 100 na 'yan aji huɗu ba sa iya karanta labari su gane ma'anarsa. Bankin Duniya da abokan aikinsa sun ƙiyasta a 2022 cewa a ƙasashen Afirka kudu da Sahara, kusan yara 9 cikin 10 'yan shekara goma ba sa iya karanta ɗan gajeren rubutu su fahimta.

Maƙwabtanmu na Nijar, waɗanda muke harshe ɗaya da su, suna shiga wani gwaji na ƙasashe masu amfani da Faransanci mai suna PASEC. A 2014 ƙasashe 10 suka shiga, Nijar ta zo ta ƙarshe, ko yaro 1 cikin 10 na masu gama firamare bai kai matakin karatun da ake bukata ba. Labari ne mai ɗaci, amma sun sake shiga a 2019, adadin kuma ya kai kimanin 3 cikin 10. A wannan gwaji na 2014, Burundi, ɗaya daga cikin ƙasashe mafi talauci a duniya, ita ce ta fi kowa a ƙananan azuzuwa, gama tana fara koya wa yara karatu cikin Kirundi, harshen da suke ji a gida.

Najeriya ta shiga wani gwajin lissafi na IEA a farkon shekarun 1980, amma a zagayen PISA daga 2000 zuwa 2022 ba ta shiga ko sau ɗaya ba. Muna da WAEC, wadda aka kafa a 1952, wadda 'ya'yanmu ke rubutawa tare da na Gana da Saliyo da Laberiya da Gambiya. Sai dai WAEC tana zuwa a ƙarshen sakandare, bayan shekara 12, tana kuma auna waɗanda suka kai can ne kaɗai. Kamar manomi ne da bai leƙa gonarsa ba sai ranar girbi.

Duk da haka muna da awo guda mai faɗa mana gaskiya. A 2021 Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa tare da UNICEF sun bi gida gida da binciken da ake kira MICS, irin wanda ake yi a ƙasashe da yawa. Sun tarar kimanin kashi 27 cikin 100 ne kawai na yaran Najeriya masu shekara 7 zuwa 14 suke da tushen karatu, na lissafi kuma kimanin kashi 25. A nan Arewa maso Yamma abin ya fi haka muni. 'Yan'uwa, 'ya'yanmu suna cikin wannan lissafi. Kada mu ce na wasu ne.

Abin da awon ba ya faɗa

Ya kamata mu yi adalci. Waɗannan gwaje-gwaje suna da iyaka. PISA tana auna yaran da ke cikin makaranta ne, wanda ke kiwo ko talla ba ya cikin lissafi. A 2018 an ce Sin ta zo ta ɗaya, alhali yankuna huɗu ne daga cikin mafi arziki suka wakilce ta. Gwajin kuma ba ya auna ladabi, ko riƙon amana, ko basirar yaron da ya san lokacin da ƙasa ta jiƙa ta isa shuka. Ba ya kuma sanin kwanakin da yaro ya rasa. Mu da ke kusa da Ƙanƙara ba za mu manta da Disamba 2020 ba, lokacin da aka kwashe ɗalibai fiye da 300 daga makarantar kimiyya, ga kuma ƙauyuka ta wajen Faskari da Sabuwa da Dandume inda rashin tsaro ya hana yara zuwa aji. Ba daidai ba ne a jera irin wannan yaro da na Singafo a ce rago ne.

Amma tiya ba ta noma wa mutum gona, aikinta ta faɗa masa abin da ya samu. Wanda ya fasa tiya domin ta nuna masa kaɗan, rumbunsa bai ƙaru ba. Abin baƙin ciki shi ne wasu iyaye a cikinmu suna fasa ta da hannunsu, suna kai yara inda ake biyan kuɗi a rubuta musu amsa ranar jarrabawa. Yaro ya fito da kiredit biyar har da Turanci da lissafi, ya shiga makarantar koyon aikin jinya ko kwalejin ilimi, a shekara ta farko a koro shi. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Mu da gonakinmu ke raguwa a kowane rabon gado, ilimi na gaskiya shi ne gadon da za mu iya bar wa kowane ɗa da kowace 'ya ba tare da an raba shi ba. Takardar da babu ilimi a bayanta buhun ƙaiƙayi ce.

Abin da za mu iya yi da kanmu

Ba sai mun jira Abuja ko Faris ba. A Indiya, wata ƙungiya mai suna Pratham tun 2005 take aika masu aikin sa kai gida gida da takarda guda suna gwada karatun yara, wasu ƙasashen Afirka ma sun ɗauki wannan hanya. A nan jiharmu ta Katsina da Zamfara, shirin RANA na UNICEF ya fara a 2015 yana koya wa 'yan aji ɗaya zuwa uku karatu da lissafi cikin Hausa. Gwamnatin tarayya ta amince da koyarwa cikin harshen gida a firamare a 2022, ta kuma soke wannan tsari a Nuwamba 2025 ta koma Turanci. Ko da wane harshe makaranta ta zaɓa, yaron da ya iya haɗa baƙi da wasali cikin Hausa ya riga ya sami mabuɗin da zai buɗe masa Turanci. Saboda haka muna kawo wa dattawa shawarwari biyar.

1. Kowace ikkilisiya ta gwada dukan yaranta masu shekara 7 zuwa 14, maza da mata, masu zuwa makaranta da marasa zuwa, kafin ruwa ya sauka. Mataki huɗu ne: ya san haruffa? Ya iya karanta kalma? Ya iya karanta jimla huɗu? Ya iya karanta ɗan labari ya amsa tambaya biyu a kai? A lissafi kuma a ba shi ɗebewa mai aro da rabawa mai sauƙi. Minti goma ya isa kowane yaro.

2. Takardar gwajin ta zama iri ɗaya daga Funtua har Malumfashi, kuma rubutun ya zama wanda yara ba su taɓa haddacewa ba. Malamai daga cikinmu su shirya ta. Zai fi kyau masu gwada yaran wata ikkilisiya su fito daga wata, domin kada kunya ko son kai su shiga awo.

3. A rubuta adadi kaɗai a kawo taron gunduma. Sunan yaro tsakanin mai gwadawa da iyayensa ne. Kada a kira sunan kowa a gaban jama'a, kada kuma uba ya ɗauki bulala. Yaron da bai iya ba, mu manya ne muka bar shi a baya.

4. A raba yara bisa matakin da suke, ko da ɗan shekara 13 zai zauna da ɗan shekara 8. Awa ɗaya sau uku a mako da yamma, a majami'a ko a ƙarƙashin itace, matasanmu da suka gama sakandare su koyar, zumuntar mata ta lura da zuwan yara. A bar ƙofa a buɗe ga 'ya'yan maƙwabtanmu duka, gama makaranta ɗaya suke zuwa da namu, damuwar iyayensu kuwa irin tamu ce.

5. Bayan wata shida a sake gwadawa. Ikkilisiyar da yaranta suka fi ci gaba ta zo ta faɗa mana yadda ta yi, mu koya. Wannan shi ne amfanin kwatance, ba domin wata ta yi wa wata dariya ba.

Iyaye kuma, idan kun je makaranta, ku tambayi malami cikin ladabi, "Ɗana ya iya karatu?" kafin ku tambayi na nawa ya zo. Ku ƙidaya kwanakin da kuke tsare yara domin kasuwa da girbi. Uwar da ba ta yi makaranta ba ma tana iya cewa 'yarta ta karanta mata abin da ke jikin buhun taki, kunnenta zai gaya mata ko karatu ne ko kame-kame.

Kammalawa

Mai ɗaki shi ya san inda ruwa ke zubo masa, amma sai ya ɗaga kai ya duba. Mai yiwuwa adadin da za mu kawo taro na gaba ya ba mu kunya. Gara mu ji kunyar nan yanzu, yaran suna da shekara takwas, icce yana ɗanye, da mu ji ta ranar da aka koro su daga kwaleji. Muna roƙon kowane dattijo da ke nan ya koma gida yau ya miƙa wa jikansa shafin da bai taɓa gani ba, ya zauna ya saurara.

 Ubangiji ya ba mu hikima, ya kiyaye 'ya'yanmu, ya kawo salama a ƙasarmu. Amin.