Sanyin Hunturu da Itatuwan Marmari a Ƙasar Basawa



Sau da yawa mukan ji ana cewa tun da hunturun Samaru yana sa mutum rawar ɗari, me zai hana mu shuka tuffa kamar Turawa? Amsar tana ga halin itaciyar. Tuffa ba ta fure sosai sai ta yi barcin sanyi, watau ta kwashe sa'o'i ɗaruruwa, wani irin ma fiye da 1,000, cikin sanyin da bai wuce digiri 7 ba. Darenmu na Disamba da Janairu kuwa, duk tsananinsa, da wuya ya sauka ƙasa da digiri 10. Har irin da ake kira Anna, wanda aka samar a Isra'ila don ƙasashe masu ɗumi, ya fi jin daɗin tsaunukan Jos da Mambila.

Amma sanyin nan da ya yi wa tuffa kaɗan, shi ne daidai bukatar mangwaro. Sanyi da bushewar iska su ke tsai da tohon ganye, su sa shi fure. Inabi kuma manoman Kudan, maƙwabtanmu, sun nuna cewa sassabe reshe a kan kari yana iya maye gurbin barcin sanyi.

Ashe ba sanyi ke kashe mana itatuwa ba, ƙishirwa ce. Ruwa yakan ɗauke a Oktoba, ba ya dawowa sai wajen Mayu. Mu kuwa mun saba dashe ranar biki a gaban manyan baƙi, a yi tafi, a watse. Kafin bazara gara ta ci saiwa, akuya ta ƙarasa kai. Wannan fa a garin da aka kafa tashar binciken aikin gona tun 1922, wadda ta shiga Jami'ar Ahmadu Bello a 1962!

Ma'aikaci yakan ce, don me zan dasa a gidan gwamnati alhali gobe ana iya yi mini canji? To, mangwaro mai aure yana fara 'ya'ya cikin shekara 3 zuwa 4, na ƙwallo kuwa sai ya ninka haka. A dasa shi a Yuni ko Yuli in damina ta kankama, a kewaye shi da ƙaya, a binne tsohon tulu mai tsaga a gefensa, a riƙa cika shi sau biyu a mako har rani biyu su wuce. Daga nan saiwarsa ta isa nemo ruwa da kanta.