Kuɗin Sallama da Hanyar Sakkwato

Sashe na 210 na tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya hana a riƙe wa ma'aikacin jiha fanshonsa ko giratutinsa, sai dai gwargwadon yadda doka ta yarda. Tun gyaran tsarin mulkin na 2010, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce ke sauraron irin wannan ƙara, kuma tana da reshe a Sakkwato.

To, tsohon malamin firamare a Sabon Birni ko Isa, da me zai ɗauki lauya? Ga kuɗin mota, ga 'yan bindiga a hanya, ya isa kotu a ce an ɗage zama. Ko ya yi nasara, ba a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai Antoni Janar ya amince, shi kuwa lauyan gwamnatin ne. Gara ƙungiyar 'yan fansho ta shigar wa irin waɗannan malamai da ƙara guda.