Ɓawon ƙwai a gaban shari'a: yadda aka ceto shahin daga ƙarewa



Tsuntsun da za mu tattauna a kansa yau wani nau'in shaho ne da Larabawa ke kira shahin, masana kimiyya kuma suka sa masa suna Falco peregrinus. Girmansa bai wuce na hankaka ba, kuma macen ta ɗara namijin da kusan kashi ɗaya cikin uku. Tsuntsaye ne abincinsa, a sama kuma yake kama su: sai ya lula can ƙololuwa, ya naɗe fukafukai, ya sulmiyo a kan tattabara ko agwagwar ruwa da gudun da ya haura kilomita 300 a sa'a. Ba a san wata halitta da ta kai shi gudu ba. Ba ya saƙa sheƙa. Ɗan gurbi yake tonawa a gefen dutse mai tsawo, macen ta saka ƙwai uku ko huɗu, a yi kwanci na kimanin wata guda. In ban da Antatika, babu nahiyar da ba a samunsa. Afirka tana da nata mazauna, sannan waɗanda suka yi ƙyanƙyasa a arewacin Turai da Rasha sukan tsallako hamada su yi hunturu a wannan nahiya tamu.

Wannan tsuntsu da ya game duniya, tsakanin 1950 da 1970 saura ƙiris ya ƙare a yawancin Turai da Arewacin Amurka, sa'an nan ya farfaɗo. Idan ana ba da labarin, yawanci akan yaba wa dokar da ta hana maganin ƙwari na DDT, ko a yaba wa waɗanda suka yi kiwon shahin a keji suka sake shi daji. Duka biyun sun cancanci yabo. Amma a ganina akwai abin da ya riga su, wanda in babu shi da ba a yi dokar ba, ba a kuma fara kiwon ba. Abin nan shi ne tsohon lissafi: an samu mutanen da suka ƙirga tsuntsun, suka rubuta, suka ajiye, tun lokacin da babu wanda ya yi tsammanin zai shiga haɗari.

A Birtaniya ma ba masoyan shahin ne suka tayar da maganar ba, maƙiyansa ne. A 1960 masu kiwon tattabarun tsere suka kai wa gwamnati kuka cewa shahin ya yi yawa, yana cinye musu dukiya, a janye masa kariyar doka. Kafin a yanke hukunci sai aka sa wani masani, Derek Ratcliffe, ya jagoranci ƙidaya a 1961 da 1962. Sakamakon ya saɓa wa ƙorafin gaba ɗaya: kusan rabin duwatsun da aka san shahin yana ƙyanƙyasa a kansu kafin Yaƙin Duniya na Biyu sun zama kufai, a sauran kuma kaɗan ne suka yaye 'ya'ya. Abin lura shi ne yadda aka yi aka san rabi ne. An sani domin maharba masu farauta da shaho, da masu sha'awar tsuntsaye, da masu tara ƙwai, sun daɗe suna rubuta wane dutse ne ke da shahin a wace shekara. Haka abin ya kasance a Amurka. Joseph Hickey ya wallafa bincikensa a kan mazaunin shahin na gabashin Arewacin Amurka tun 1942. A 1964 aka tura mutane suka bi wurare 133 da aka sani, ba su tarar da shahin ko a guda ba. Da babu wancan jeri, da sai dai a ce "kwana biyu ba a ganinsa", magana ta wuce.

Sanin cewa abu ya ragu daban, sanin abin da ya rage shi daban, kuma a nan ne ɓawon ƙwai ya shigo. Tun a shekarun 1950 Ratcliffe yake tarar da fasassun ƙwai a gurabe. Sai ya shiga gidajen tarihi da gidajen masu tara ƙwai, ya auna nauyin kowane ɓawo, ya gwada da tsawonsa da faɗinsa. Kowane ƙwai yana ɗauke da 'yar takarda mai nuna wuri da shekarar da aka ɗauko shi. Abin da ya wallafa a mujallar Nature a 1967 ya nuna cewa daga farkon ƙarnin har zuwa 1946 kaurin ɓawon bai sauya ba, daga 1947 kuma ya faɗi da kusan kashi ɗaya cikin biyar, ya tsaya a nan. Daidai lokacin ne DDT ya fita daga hannun soja ya shiga gonaki. Shekara guda bayan wallafar Ratcliffe, Hickey da Daniel Anderson suka sami irin wannan sakamako a ƙwan Amurka. Yadda abin ke aiki kuwa, DDT ba ya saurin ruɓewa. A jiki yakan rikiɗa ya zama DDE, ya maƙale a kitse. Ƙwaro ya ci kaɗan, ƙaramin tsuntsu ya ci ƙwari dubbai, shahin ya ci ƙananan tsuntsaye ɗaruruwa, duk gubar ta taru a jikinsa, ta hana mahaifar mace zuba wa ɓawo isasshen sinadarin kalsiyam. Uwa ta hau kwanci, ƙwai ya fashe a ƙarƙashinta. Wani abin mamaki a nan: satar ƙwan tsuntsun daji ɗabi'a ce da ta cutar da shahin, har doka ta haramta ta a Birtaniya a 1954, amma kayan da masu wannan ɗabi'a suka bari su ne suka zama hujja. Ba ina wanke su ba ne. Ina cewa ko ɓarnar tasu ta yi amfani ne saboda sun sa mata kwanan wata.

Masu sayar da maganin sun ce faɗuwar abu biyu a lokaci guda ba ta tabbatar da cewa ɗaya ne ya jawo ɗaya ba, kuma wannan suka ce mai ma'ana. An amsa ta da gwaji: a cibiyar bincike ta Patuxent a Amurka an ciyar da agwagi da wani ƙaramin shaho abinci mai DDE, ƙwansu ya yi rauni, na waɗanda ba a ba su ba ya zauna lafiya. Adalci kuma ya sa a faɗa cewa ba DDT kaɗai ke da laifi ba. A Birtaniya magungunan wanke iri, irin su diyaldirin da aldirin, manyan tsuntsayen suke kashewa kai tsaye ta hanyar tattabarun da suka ci hatsin, kuma da aka taƙaita su daga 1962 faɗuwar ta tsaya.

Suka ta biyu ita ce, ai kiwo ne ya dawo da shi. Gaskiya ne Tom Cade ya kafa asusun The Peregrine Fund a Jami'ar Cornell a 1970, kuma daga 1974 an saki shahin fiye da 6,000 a Amurka da Kanada, da dabarun da aka aro wurin masu farauta da shaho. A 1975 ma'aurata 324 kawai aka sani na nau'in Amurka. A 1999, da aka cire shi daga jerin masu fuskantar ƙarewa, sun kai kimanin 1,650. A gabashin Amurka, inda babu ko iri, dole sai da kiwon. To amma a Birtaniya ba a yi wannan gagarumin saki ba, guba kawai aka janye, kuma a 1991 yawansa ya zarce na kafin yaƙi. Yanzu har a kan dogayen benen Landan da gadojin New York yake ƙyanƙyasa. Da an saki dubbai cikin ƙasar da har yanzu ake feshin DDT, da ƙwansu ma ya fashe.

Suka ta uku ita ce mafi nauyi a wurinmu, kuma ban ɗauke ta da wasa ba. DDT ya ceci rayuka masu yawa daga zazzaɓin cizon sauro. Paul Müller da ya gano amfaninsa a 1939 har lambar Nobel ta likitanci aka ba shi a 1948. Wanda ya binne yaro saboda maleriya yana da ikon tambaya ko tsuntsu ya fi ɗansa ne. Amsar tana cikin abin da aka hana. Haramcin Amurka na 1972 feshin gona ya shafa, ya bar ƙofa ga lafiyar jama'a. Yarjejeniyar Stockholm ta 2001 ita ma ta ƙyale DDT don yaƙi da sauro, kuma Afirka ta Kudu, da ta daina amfani da shi a 1996 cutar ta ƙaru, ta koma masa a 2000. Fesa bangon ɗaki da ɗan kaɗan ba ɗaya yake da zuba tan-tan a gonar auduga ba. Hasali ma feshin gona yana cikin abin da ya sa sauro ya saba da maganin, ya daina jin sa. Hujjar da aka samu daga shahin ita ce ta ba da damar a raba amfani biyun, maimakon a karɓe duka ko a watsar da duka.

Abin da ya sa na kawo muku wannan tarihi na nesa shi ne, mu ma muna da namu tsuntsun da ke ɓacewa, ba mu da takardarsa. Dattawan da ke wurin nan sun san lokacin da ungulu ke cika kowace mahauta da kan kowace kuka a bakin kasuwa. Yau a garuruwa da dama yara ba su taɓa ganin ta ba, kuma tun 2015 ƙungiyar kare halittu ta duniya ta sa ta cikin masu dab da ƙarewa. Adadin da ake dogaro da shi a yankinmu yawanci daga aikin mutum ɗaya ya fito, Bafaranshe Jean-Marc Thiollay, wanda ya ƙirga tsuntsaye masu farauta a kan hanyoyin Nijar da Mali da Burkina Faso daga 1969 zuwa 1973, ya sake bin hanyoyin a 2003 da 2004, ya tarar manyan ungulaye sun kusa ƙarewa a wajen gandun daji. Halinmu kamar na majinyacin da ya je asibiti ba kati ne: likita yana ganin ya rame, amma bai san nauyinsa na bara ba. Duk shekara ana feshin tsuntsayen jan-baki da jirgi don kare gero da shinkafa, abin da manomi ke buƙata ƙwarai, kuma an san maganin da aka saba yi da shi, fentiyon, yana kashe shaho da shirwar da suka ci mushen. Ya kamata duk inda aka yi feshi a bi sawu a ƙirga abin da ya faɗi, a rubuta.

Aikin ba ya buƙatar kuɗi mai yawa. Cibiyar nazarin tsuntsaye ta APLORI da ke Jos ta riga ta fara tattara taswirar tsuntsayen Najeriya da taimakon 'yan sa-kai masu waya a hannu. Sashen nazarin halittu na kowace jami'a a Arewa zai iya ɗaukar hanya guda, misali daga Kano zuwa Haɗeja ko daga Sakkwato zuwa Argungu, ya riƙa ƙirga shaho da shirwa da ungulu a wata guda kowace shekara, ya ajiye fuka-fuki da ɓawon ƙwan da aka tsinta a ƙasa, kowanne da sunan wuri da kwanan wata. Sharaɗin kawai shi ne kada a sauya hanyar, kada a sauya watan, kuma idan malamin da ya fara ya yi ritaya, a samu wanda zai karɓi littafin.