TAKALMIN AIKI: YADDA ZA A SAME SHI DA YADDA ZA A RIƘE SHI

Jawabin da malamin lakwal na garinmu ya yi a taron ƙungiya na bayan kaka, kafin tashin ƴan ci-rani. Mun buga shi a nan don waɗanda ba su samu zuwa ba. Wanda ya iya karatu ya karanta wa wanda bai iya ba.

Na gode da kuka ba ni fili, ga ni yaro a cikinku. Maganata a yau kan takalmi ce. Na san wani zai ce a ransa, duk matsalolin da ke gabanmu a rasa abin tattaunawa sai takalmi? Ku yi mini haƙuri ku ji.

1. DALILIN WANNAN MAGANA

Hatsi ya shiga rumbu, samari sun fara ɗaure kaya. A da, in an ce ci-rani, Kano ake nufi, ko ga-ruwa ko dako ko ƴar tireda. Yanzu hanyoyi sun yi yawa. Tun 1971 aka fara fitar da uraniyum a Arlit, mutanen ƙasar Damagaram suka bi. A 2011 aka buɗe matatar man fetur ta Soraz, kamar kilomita 50 arewa da birni kan hanyar Tanut. A 2014 zinariya ta bayyana a Jado, wasu suka nufi can. Ga masu aikin gini a Yamai da Agadas da Tamanrasat da Libiya, ga masu shiga masana'antun Sharaɗa da Bompai a Kano. Duk wuraren nan abu ɗaya ya haɗa su: ƙarfe da dutse da ƙusa da siminti, a ƙasa da kuma bisa kai.

A aji muna koya wa yara cewa ƙafa guda ƙashi 26 ke cikinta, yawancinsu ƙanana ne. Bulo ɗaya ya suɓuce daga hannun birkila ya isa ya farfasa uku ko huɗu. Mai karayar yatsu ba ya dako, ba ya hawa tsani. Zai zauna a ɗakin haya yana cin guzurinsa, kuɗin da gida ke jira ya tafi wurin magani. In abin ya zo kusa da damina, ya dawo yana ɗingishi, gonar tsohonsa ta kwana ba noma. Ƙusa mai tsatsa kuwa ta fi ƙarfinta ɓarna, don ta nan tetanos ke shiga, ciwon nan mai ɗaure muƙamuƙi ya sandarar da jiki. Ashe ƙafar ɗan ci-rani jarin gida ce gaba ɗaya, kuma ita muke turawa cikin shantiye da silifa ko takalmin taya.

2. MENE NE TAKALMIN KARIYA

A kwalinsa za ku ga an rubuta chaussures de sécurité da Faransanci. Abu biyu suka raba shi da sauran takalma. Na farko, akwai ƙoƙo mai tauri a bakinsa wanda ke rufe yatsu. Na biyu, wasunsu suna da faranti a cikin tafin, mai tare ƙusa.

Samari da yawa sun ƙi na da, don nauyi da zafi. Suna da gaskiyarsu. Amma yau ana yin marar nauyi mai siffar kambas, wanda yaranmu ke ce wa basket, mai yadi a sama iska na shiga. Matsalar ita ce, da ido ba ka raba shi da kambas na yawo, kuma ƴan kasuwa sun san haka.

Saboda haka a ɗaga harshen takalmin a duba ƴar takardar da aka ɗinke a ciki. Na ƙwarai yana ɗauke da wannan rubutu: EN ISO 20345. Ma'anarsa an gwada ƙoƙon ya jure bugun abu mai nauyin kilo 20 da ya faɗo daga tsayin mita ɗaya, ya kuma jure dannin kusan tan ɗaya da rabi. In kuka ga 20347, wannan na aiki ne amma ba a gwada shi don kare yatsu ba, kada a ruɗe ku da kamannin lamba. Bayan wannan sai haruffa:

SB: ƙoƙon yatsu kawai, shi ne mafi ƙanƙanta.

S1: ƙoƙo, da rufaffiyar dunduniya, don busasshen wuri.

S1P: kamar S1, an ƙara farantin tare ƙusa. Tun gyaran da aka yi wa ƙa'idar a 2022 akan ga S1PL ko S1PS, duk dangi ɗaya ne.

S2: yana hana ruwa shiga na ɗan lokaci, amma babu faranti.

S3: ga hana ruwa, ga faranti, ga tafi mai zurfin zane.

HRO: tafin yana jure taka abu mai zafi.

Wanda bai yi lakwal ba ya sa yaro ya rubuta masa haruffan nan a takarda, ya riƙe a aljihu ya gwada da ido. Ba sai an iya karatu ake gane lamba ba, ai duk kuna gane takardar jikka.

3. KOWANE AIKI DA NASA

Mai dako a tasha ko sito, da mai aikin kafinta, da lebura a busasshen gini, S1P marar nauyi ya ishe shi, kuma shi ya dace da zafin ƙasarmu. Mai kwaɓa siminti da zuba kankare kada ya sa mai yadi, don ɗanyen siminti yana cin fata kamar toka mai ƙarfi. Nasa dogon takalmin roba ne mai ƙoƙo, ana rubuta masa S4 ko S5. Mai walda ya nemi na fata mai rufe idon sawu, don tartsatsi yana huda yadi ya ƙone igiya. Mai zuwa wurin zinariya ya nemi S3 na fata mai wuya, saboda rairayi yana bin ramukan yadi ya goge ƙafa, duwatsu kuma suna yaga shi cikin ƴan makonni.

Gargaɗi ga masu aikin lantarki: waɗannan takalma an yi su ne su zubar da ɗan lantarkin da jiki ke tarawa, don kada tartsatsi ya tashi a wuri irin matatar mai. Ba su hana wutar waya kama mutum. Kada wani ya taka waya da gadara don ya sa takalmin kariya.

4. INA ZA A SAMO SHI

Hanya ta farko ita ce wurin mai aikin. Dokar aiki ta ƙasarmu ta 2012 ta ɗora wa wanda ya ɗauki ma'aikaci nauyin ba shi kayan kariya in aikin na da haɗari. Wanda kamfani ya ɗauka da takarda ya tambaya ran da ya fara, cikin ladabi, ba roƙo yake ba. In ya ji rauni a bakin aiki, uban gidansa ne zai sanar da CNSS cikin kwana biyu. Kuma ina roƙon ƙannena, wanda aka ba takalmi kada ya kai shi kasuwa ya koma silifa. Kuɗin zai ƙare cikin mako, ƙafar kuwa da ita za a tsufa.

Amma mu faɗi gaskiya, yawancin namu aikin yini suke yi, ba takarda ba rajista, wasu ma a ƙasar da ba su da bakin magana. Su dole su saya da kansu. Ana samu a Kasuwar Dole a Damagaram wurin masu kayan gini da ƴan bosho, ana samu a Kano a Sabon Gari, na hannu kuma a Ƙofar Wambai, inda suke ce masa gwanjo. Gara a saya kafin a tashi. A bakin ramin zinariya ko ruwan sha tsada gare shi, balle takalmi.

In sabo ne, a duba takardar harshe: lambar ƙa'ida, girman ƙafa, sunan masu yi, da lokacin da aka yi shi. A danna bakin da babban yatsa da ƙarfi. In ya lotsa, a ajiye. A lanƙwasa tafin, a ga ko zai buɗe baki wurin da aka manne. Wasu suna gwadawa da mayen ƙarfe. In ya kama, ƙarfe ne. In bai kama ba, ba lalle jabu ne ba, don yanzu ana yin ƙoƙo da alminiyum ko wata roba mai tauri, wadda ma ba ta ɗaukar zafin rana kamar ƙarfe. Takarda kanta ana iya buga ta ƙarya, shi ya sa in kuɗin ya yi arha ƙwarai sai a yi tsai. Araha ba ta ado.

In na bosho ne, a ƙara lura da abu biyu. A sa hannu ciki a shafa ƙoƙon; in ya lotsa ko ya karkace, ya riga ya sha bugunsa, ba zai sha na biyu ba. Sannan a kankare tafin da farce. Yawancin tafin marar nauyi da wata roba mai kumfa ake yin sa, wadda in ta daɗe a ajiye, musamman wurin zafi da laima, takan ruɓe daga ciki. Sai ka ga takalmi fes kamar ba a taɓa sawa ba, kwana uku tafin ya marmashe kamar ƙuli-ƙuli. In ya yi danƙo a hannu ko yana zubar da gari, a bar wa mai shi.

Wajen gwaji, a je da yamma lokacin da ƙafa ta ɗan kumbura, a sa safa, a gwada duka biyun, a taka a zagaya. A bar sarari kamar faɗin yatsa tsakanin babban yatsa da ƙoƙo. Kada mai kanti ya ce muku zai saki. Fata tana saki, ƙarfe ba ya saki. A Kano kuma za ku tarar da lambar Ingila: 8 tasu ita ce kusan 42 tamu, 9 kusan 43.

5. RIƘO

Mu mutanen Damagaram ba baƙin fata ba ne. Majemanmu da dukawanmu sun yi suna tun zamanin da ayari ke kai fatunmu Tarabulus. Abin da kakanni suka sani game da sirdi da jaka, shi ne dai.

In an tashi aiki, a kakkaɓe, a goge da tsumma ko buroshi. Siminti kada ya kwana a kai. A zare shimfiɗar ciki, a sassauta igiya, a ajiye a inuwa inda iska ke bi. Kada a shanya bisa kwano da tsakar rana, kada a kanga a wuta, don zafi yana sakin manne ya busar da fata ta tsage. In ya jiƙe, a cusa masa tsohuwar takarda ta tsotse ruwan. Mai yadi a wanke shi da ruwa da sabulu kaɗan, ban da fetur ko kananzir. Na fata a shafa masa man takalmi ko ɗan man kaɗe sau ɗaya a mako. Baƙin man mota yana kashe fata da ɗinki, a bar shi.

A riƙi safa ƙafa biyu ko uku ta auduga, ana sa ɗaya ana wanke ɗaya. Mai sa takalmi ba safa shi ke samun ƙaiƙayin tsakanin yatsu, daga nan ya ce takalmin ne bai da kyau. A riƙa tafiya da silifa a jaka don alwala da hutun rana. Abin da ke saurin kashe takalmin mutanenmu shi ne take dunduniya a mai da shi kamar fatale don saurin cirewa. Da ta karye, ƙafa ba ta zama daidai, ƙoƙon ya bar kan yatsu. Kowace safiya kuma a juya shi a bubbuga kafin a sa. Masu kwana a daji sun san kunama tana son wurin.

In an dawo gida da damina, kada a ƙulle shi a leda a jefa ƙarƙashin gado. A wanke, a shafa mai, a rataye inda gara da ɓera ba su kai, a riƙa sawa jefi-jefi, don irin wannan tafi zama ke kashe shi fiye da tafiya. Ranar sassabe ko ranar shiga ƙaya ma yana da amfani.

Baduku yana iya ɗinke sama in ya farke, ya sake igiya ko shimfiɗa. Amma kada a bar shi ya buga ƙusa ta tafin, ko ya cire tafin ya sa taya, don daga nan ya tashi daga takalmin kariya. In abu mai nauyi ya faɗa kan ƙoƙon, ko ƙusa ta shige farantin, ko zanen tafi ya shafe har yana santsi, ko ƙarfe ya leƙo waje, to ya gama aikinsa, a nemi wani. Wanda kuma ƙusa ta soka, ya wanke da ruwa da sabulu ya tafi likita ran nan a yi masa allurar tetanos, kada ya tsaya ɗaura tsumma.

6. ABIN DA NAKE ROƘON ƘUNGIYA

Na san abin da ke ran kowa: kuɗi. Yaron da ya ci bashin kuɗin mota, ina ya ga na takalmi? Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, shi ya sa na kawo shawara uku, dattawa su duba.

Ta ɗaya, asusun ƙungiya ya ranta wa mai tafiya kuɗin takalmi, ya biya in ya yi aike na farko, yadda muke yi da kuɗin iri.

Ta biyu, a haɗa saye wuri ɗaya. Kowa ya taka takarda a zana ƙafarsa, a rubuta sunansa da lambarsa da irin aikinsa, a ba mutum biyu amintattu su je su yi ciniki a dunƙule, da sharaɗin mai kanti zai musanya wanda bai yi daidai ba. Zane da rubutun, ni da manyan ƴan ajina mun ɗauka, ranar Laraba da yamma a lakwal.

Ta uku, wadda ta fi ƙarfina sai ku iyayenmu: in yaro ya zo sallama, bayan an sa masa albarka, a dubi ƙafarsa a tambaye shi abin da zai taka. Maganar uba ta fi ta malamin lakwal shiga kunne.

Iyakar abin da ke bakina ke nan. In na yi tsawo ku gafarce ni. Masu tafiya, Allah ya kai ku lafiya, ya ba da abin da aka je nema, ya maido mana ku da ƙafafunku kafin ruwan shuka.