Murabus na dole kora ne a fakaice

Ƴan'uwa ma'aikata, dokar ƙwadago ta Nijar mai lamba 2012-45, ta 25 ga Satumba 2012, ta ba ma'aikaci damar ajiye aiki, amma da son ransa. Wanda aka riƙe wa albashi, ko aka yi wa barazana har ya rubuta takardar murabus, korarsa aka yi. Sai ya garzaya wurin sufeton ƙwadago neman sulhu. In ta ƙi ci, kotun ƙwadago tana nan. Amma galibi diyya ake samu, ba komawa bakin aiki ba. Wakilin ma'aikata ba a sallamarsa sai da izinin sufeto. Saboda haka, kada kowa ya sa hannu cikin fushi ko tsoro.