Jawabin Babban Baƙo a Bikin Yaye Ɗaliban Rubutun Fim

 

 Guzurin da na riƙo muku labarin mutum ɗaya ne.

Dylan Thomas, haifaffen Swansea a yankin Wales a 1914, duniya ta san shi da rubuta waƙa. Amma a 1941, ana tsaka da Yaƙin Duniya na Biyu, neman na tuwo ya kai shi kamfanin Strand Films a Landan, inda ya riƙa rubuta gajerun fina-finan wayar da kai don Ma'aikatar Watsa Labarai ta Birtaniya. A ƙarƙashin ma'aikatar nan aka kafa sashen fim na ƙasashen mulkin mallaka a 1939, mai shirya irin majigin da kakanninmu suka kalla a ƙofar fada.

Ayyukan da aka ba shi ba na a-zo-a-gani ba ne. A 1942 ya rubuta This Is Colour a kan sana'ar rini, da New Towns for Old a kan sake fasalin garuruwa. Bai ce ya fi ƙarfinsu ba.

A 1943 aka yi These Are the Men. An ɗauko hotunan gangamin 'yan Nazi na Nuremberg, waɗanda Leni Riefenstahl ta ɗauka don kambama Hitler, aka ɗora musu maganar da Thomas ya rubuta. Ga Hitler a dandamali yana kaɗa hannu yana kumfar baki, ga ɗan kallo yana jin sa yana tona wa kansa asiri. Alƙalami ya mai da kirari tuhuma, hoton kuwa yana nan yadda yake.

'Ya'yana, gobe za a kawo muku aikin minti goma a kan rigakafi, ko taki, ko rijiyar burtsatse. Kada ku raina shi. Ku taka ku je ƙauyen, ku ji yadda manomi ke magana, ku rubuta da bakinsa. Ku auna kowace jimla da daƙiƙoƙin hoton. Abin da ido ya riga ya gani, kada ku maimaita wa kunne.

Thomas ya rasu a New York a 1953 yana da shekara 39, har yau ana nazarin waɗannan gajerun fina-finai nasa. Ku ma ku gyara aikinku tun daga ƙarami.

Allah ya sa wa karatunku albarka, ya mai da kowa gida lafiya.