Furen ƙanƙara ba ya zama a garkar Yamai

Jawabi ga masu aikin garka

 

Wannan jawabi na masu aikin garka ne, musamman ƴan ƙauye da ke zuwa Yamai cin rani. Waɗansunsu suna samun aiki a Koira Kano. Sunan unguwar Zabarmanci ne, ma'anarsa gari mai daɗi. Unguwa ce mai manyan gidaje da itatuwa da furanni. Masu gidajen suna zuwa Turai. Wani lokaci sukan komo da irin fure cikin ƴar takarda, su ba mai garka ya shuka. In furen ya mutu, laifi ya faɗa kan mai garka. Wani ma yakan rasa aikinsa. Saboda haka ya kamata mai garka ya san irin da zai yi da wanda ba zai yi ba, tun bai zuba ruwa ba.

Wane fure ne edelwais?

Ga misali guda. Akwai wani fure da Turawa ke ƙauna, sunansa edelwais. Sunan Jamusanci ne, ma'anarsa fari mai daraja. Ɗan ƙarami ne, tsawonsa bai kai taƙi biyu ba. Kansa kamar tauraro yake. Jikinsa duk farin gashi ne mai laushi kamar kaɗa. Mutanen Otirish har sun buga surarsa a kan ƙaramin kuɗinsu na santim 2.

Gidansa manyan duwatsun Alpa ne, a ƙasashen Suwis, Otirish, Faransa da Italiya. Yana tsira can bisa, daga mita 1.800 zuwa mita 3.000. Yana fitowa cikin tsakuwa, inda ruwa ba ya kwanciya. Wata da watanni ƙanƙara tana rufe shi, yana barci ƙarƙashinta. In ta narke sai ya farka. Yana yin fure daga Yuli zuwa Satumba.

Me ya sa ba ya yi a Yamai?

Dalilai uku ne.

1. Zafi. Yamai tana bakin kogin Isa, tudunta bai wuce mita 200 da ƴan kai ba. A watan Afrilu da Mayu zafi yana wuce digiri 40. Gashin edelwais yana kare shi daga sanyi da iska da hasken rana na kan dutse. Ba ya kare shi daga irin wannan zafi.

2. Rashin sanyi. Ɗarin Yamai na Disamba da Janairu sanyi ne ga mutum, amma ba sanyi ba ne ga wannan fure. Ruwa ba ya daskarewa a Yamai. Furen ba ya samun barcin da yake bukata.

3. Damana. In ya tsallake bazara, sai ruwan Agusta ya same shi. Ƙasa mai ɗumi da laima tana ruɓar da saiwarsa.

Ana iya sa irin cikin firiji na ƴan makonni, sa'an nan a shuka shi a tukunya cikin watan Disamba. Yana iya tsirowa. Amma edelwais ba ya gaggawa. Galibi sai shekara ta biyu yake yin fure. Ke nan dole ya ratsa bazara da damana. Nan ne yake mutuwa. Ƙarin ruwa ba magani ba ne, sai dai ƙarin kuɗin pampo.

To, yaya dankalin turawa yake yi?

Wani zai ce: ai dankalin turawa ma ɗan ƙasar sanyi ne. Gaskiya ne. Asalinsa manyan duwatsun Amurka ta Kudu ne, wajen ƙasar Peru. Duk da haka ana noma shi a Bankuku, cikin yankin Filinge. Ana noma shi a kan dutsen Bagzam na Abzin, wanda ya kai mita 2.000.

Bambancin ga shi: dankali baƙo ne mai saurin tafiya. A shuka shi a Nuwamba, a haƙe shi bayan wata 3. Kafin zafi ya iso, ya gama aikinsa. Haka salati, da shu, da karoti. Duk suna shiga cikin ɗari su fita cikin ɗari.

Wannan ita ce dabarar noman rani. Bayan farin 1984, gwamnatin Janar Seyni Kunce ta kira jama'a su duƙufa ga aikin garka. Aka gina rijiyoyi, aka raba iri. Iyalai da yawa sun samu abinci da kuɗi ta wannan hanya. Abin da ya ba da nasara shi ne an shuka kowane iri a lokacinsa.

Tambayoyi uku kafin a shuka baƙon iri

In an ba mai garka irin da bai sani ba, ya tambaya:

1. Daga wace ƙasa ya fito, ƙasar zafi ko ta sanyi?
2. Wata nawa yake yi kafin ya ba da fure ko ƴaƴa?
3. Yana son ruwa da yawa ko kaɗan?

Amsar takan kasance a rubuce bayan takardar irin. Wanda bai iya Faransanci ba ya kai wa malamin gona ya karanta masa. Matambayi ba ya ɓata. In irin na ƙasar sanyi ne, kuma yana gamawa cikin wata 3 ko 4, a shuka shi a Nuwamba. In yana bukatar shekara ko fiye, a haƙura da shi.

Mai garka ya faɗi gaskiya tun da wuri, cikin ladabi. Ya ce: "Hajiya, Allah ya ba ki haƙuri, wannan fure ba ya jure zafin Yamai. In kin yarda, a sa wani a wurinsa."

Abin da za a sa a wurinsa

Akwai furanni masu son rana. Kariya tana fure ja-ja cikin tsakar rani, ba ta son ruwa da yawa. Amma ƙaronta guba ne, kada a dasa ta inda yara da bisashe ke wasa. Lalle yana yin shinge, furensa yana ƙanshi, mata suna amfani da ganyensa. Bugambil tana rufe bango da ja ko fari. Zogale yana da farin fure, ganyensa kuma abinci ne. Ana samun dashensu wurin masu renon itatuwa da ke bakin hanyoyin Yamai.

Jama'a, ruwa yana da tsada, ƙarfin mutum ma haka. Kada a zuba su inda ba za su haifi komi ba. Mai garkar da ya san ƙasarsa da lokacinsa, shi ne ke riƙe aikinsa, ya koma gida da abin hannunsa kafin shukar damana.